Kwana Uku Kafin Hutun Kotu

Akwai wata ranar Laraba a tsakiyar damina da ba zan taɓa mantawa da ita ba muddin ina raye. Ba wani abin tashin hankali aka yi a ranar ba. Takardu kawai na ɗauka daga wani ofishi na kai wani, aka buga masu hatimi, na dawo gida na ci tuwo. Amma wannan 'yar tafiyar ce ta ƙara wa wani bawan Allah zaman gidan yari na fiye da shekara guda.

Lokacin ba a daɗe da sojoji suka koma bariki ba. Ina aji uku a fannin shari'a, sai jami'armu ta rufe saboda yajin aiki, na dawo gida Ƙofar Kwaya ba tare da sanin ranar komawa ba. Mahaifina ya ga zaman zai yi mani yawa, ya kai ni wajen wani lauya abokinsa da ke da ofishi a saman wani bene kusa da Ƙofar Durbi, ya ce in riƙa zuwa ina ganin yadda ake aiki. Ni mutum ce marar magana tun ina ƙarama. Idan babba ya tambaye ni abu, sai na nemi muryata na rasa. Amma a kan takarda ba ni da tsoro. Na sayi sabon kundin tsarin mulki na bi shi da fensir sashe bayan sashe, har gefen shafukan suka cika da ƙananan rubutuna. A lokacin na ɗauka shari'a lissafi ce. Ka kawo abin da ya faru, ka kawo sashen da ya dace, amsa ta fito, ko wa ya zauna a kan kujera.

Lauyan, wanda kowa ke kira Barista, ya bambanta da ni ta kowace fuska. Mutum ne mai surutu da barkwanci, kullum a makare yake, teburinsa kuwa sai ka yi tono kafin ka ga katakon. Yana kirana Mai Shari'a don tsokana. Cikin mako biyu na jera mashi fayilolinsa, na rubuta wa kowane lamba. Ya tsaya yana kallo ya ce, "Shi ke nan, Mai Shari'a ta ɓatar mani da komai. Da na san inda kowace takarda take." A raina na yanke hukuncin cewa mutumin kirki ne amma ba ya da tsari. Wannan hukuncin da na yanke da wuri shi ne farkon kuskurena.

Cikin shari'un da ke hannunsa akwai ta wani matashin makiyayi. Kusan shekara uku kafin nan, tun zamanin soja, an yi rikici a wani ƙauye a kan shanu da suka shiga gona, aka kashe manomi ɗaya. Aka kama mutum biyu daga rugar da ke kusa, shi da wani maƙwabcinsa, bisa zargin kisan kai. An kai su gaban majistare, wanda ba ya da hurumin shari'ar kisa, sai ya ce a tsare su har shawara ta fito daga ma'aikatar shari'a a kan ko akwai hujjar gurfanar da su a babbar kotu. Fayil ya tafi neman shawara bai dawo ba. Su kuma suna ciki, ba a yi masu shari'a ba, ba a sake su ba. Mai bin maganar matashin shi ne ƙanen mahaifinsa, wani dattijo siriri da muke kira Baffa. Duk mako biyu yakan shigo gari, ya hau benen a hankali, ya gaishe mu gaisuwa mai tsawo, ya tambayi gida da aiki da ruwa, sannan a ƙarshe ya ce, "To, ko akwai labari?"

Barista ya yanke shawarar neman beli a babbar kotu ta hanyar 'yancin ɗan Adam da ke cikin tsarin mulki, ya ce in shirya takardun. Batun a taƙaice shi ne wannan. Tsarin mulki ya tanadi cewa wanda aka tsare, idan ba a yi mashi shari'a cikin 'yan watanni ba, a sake shi, ko da a kan beli ne. Amma can ƙasa kaɗan akwai togaciya da ta cire wanda ake tsare da shi bisa zargi mai tushe na laifin da hukuncinsa kisa ne. Hujjarmu ita ce togaciyar ta ambaci zargi mai tushe, kuma shekara uku ba tare da takarda ko ɗaya ba ai ba tushe ba ne. Na yi kwana goma a kan aikin. Na buga shi a tafireta sau uku saboda ba na son ganin gogewa ko ɗaya. Barista ya karanta, ya gyara wuri biyu, ya sa hannu, aka kai Baffa ya yi rantsuwa a kan nasa bayanin. Komai ya kammala.

Ranar Litinin Barista zai tafi Kaduna wata shari'a. Yana tsaye a bakin ƙofa da jakarsa ya ce mani, "Takardun makiyayin nan, ki sa su a durowa. Sai Litinin ta sama idan na dawo za mu kai." Na so in tambaye shi dalili. Kalmar ta zo har bakina ta koma. Na ce to, ya sauka.

Ranar Laraba Baffa ya zo. Ruwa ya dake shi a hanya, rigarsa ta manne a kafaɗa. Bayan gaisuwa ya ce ya biya ta gidan yari, ya tarar yaron yana fama da zazzaɓi. Bai roƙe ni komai ba. Ya dai zauna kaɗan, ya yi sallama ya tafi. Da ya fita na jawo durowar na dubi takardun. Ga sa hannu, ga rantsuwa, ga kwafi huɗu a jere. Na tuna kotu za ta tafi dogon hutu ranar Juma'a. Sai na ce a raina, wannan ma irin sakacin Barista ne, ya manta da hutu, zai bar mutum a ɗaure saboda shiririta. A lokacin wayar hannu ba ta zo mana ba, ba ni da hanyar jin ta bakinsa. Na sha zuwa rajistar kotu kai takardun ofis, na san hanya, na san tebur. Na sa su a leda saboda ruwa, na tari ɗan acaɓa.

Ma'aikacin rajistan wani mutum ne mai furfura da ya daɗe a wurin. Ya buɗe takardun, ya karanta shafin farko, ya ɗago ya dube ni ta saman gilashinsa.

"Malama, oganki ya san kin kawo wannan yau?"

Na ce komai a shirye yake, ga sa hannunsa nan.

"Na ga sa hannu. Cewa na yi ya sani? Hutu fa saura kwana uku."

Na ce ai shi ya sa na yi sauri.

Ya riƙa juya hatimin a hannunsa. Daga baya na gane cewa dama yake ba ni in janye, iyakar abin da aikinsa ya yarje mashi ke nan. Da ya ga ina tsaye ban motsa ba, ya ce, "To, Allah ya sa a dace," ya buga. A hanyar fita na tsaya gaban allon sanarwa, na ga takardar da ke ɗauke da sunan alƙalin da zai zauna lokacin hutu don shari'un gaggawa. Har na kwafe ta a littafina, da kwanan wata da komai, saboda ɗabi'ata ce in kwafe duk abin da na gani. Ban fahimci abin da nake kwafewa ba.

Litinin Barista ya dawo da fara'arsa, ya ajiye mani ƙullin tsaraba, ya ce in fito da takardun makiyayi. Na ce na kai tun Laraba. Na faɗa da ɗan alfahari ma.

"Kin kai ina?"

"Rajista."

Ya ajiye jakar a ƙasa. "Wa aka ba?"

Na faɗa mashi sunan dattijon alƙalin da Babban Joji ya tura wa fayil ɗin ranar Alhamis, kuma an sa rana bayan hutu. Ya cire hularsa ya ɗora a gwiwa, ya zauna yana kallon bango.

"Mai Shari'a," ya ce a ƙarshe, "kin haddace sashe-sashe. Alƙalan fa, kin haddace su?"

Sai ya yi mani bayani. Idan kotu tana zama, Babban Joji ne ke raba fayiloli, ba ka san hannun da naka zai faɗa ba. Amma lokacin hutu alƙali ɗaya ne ke zama, kowa ya san shi, sunansa na allo. Alƙalin hutun wannan shekarar mutum ne da ke karanta babin 'yanci da faɗi. Dattijon da aka ba fayil ɗinmu kuwa, idan ya ga kalmar kisa a takardar zargi, ya gama magana. Wata biyu ke nan Barista yana jan ƙafa da gangan yana jiran wannan Litinin ɗin.

Na ce, da murya ƙasa ƙasa, me ya sa bai gaya mani ba.

"Wannan magana ce da ake faɗa da baki? A ofis mai taga?" Ya ɗan yi murmushin da bai kai ciki ba. "Duk lauyan garin nan yana yi, kuma duk lauyan garin nan zai rantse maki bai taɓa yi ba. Rabin laifin nawa ne. Na ga kin cika karatu, na ɗauka kin gane."

Na tambaya ko za mu iya janyewa mu sake shigarwa. Ya girgiza kai. Ya ce idan ya janye yau ya dawo gobe, har masinjan kotu ya san dalili. Lauyan gwamnati zai miƙe ya ce muna zaɓen alƙali, shi kuma alƙalin hutu ba zai taɓa fayil ɗin da aka riga aka ba ɗan'uwansa ba. Sai dai mu jira.

Cikin hutun, lauyan ɗaya makiyayin, maƙwabcin da aka kama su tare, ya shigar da tasa buƙatar. Barista ya ce in je in saurara. Na zauna a bencin baya da littafina. Zargi ɗaya ne, rana ɗaya aka kama su, ɗaki ɗaya suke kwana, kuma hujjar da lauyan ya kawo ba ta kai tamu tsari ba. Alƙalin ya juya wajen lauyan gwamnati ya ce, da Turanci, abin da ma'anarsa ita ce tsarin mulki ya ce zargi mai tushe, to a nuna mashi tushen, ko takarda ɗaya ce. Lauyan ya ce fayil yana wajen shawara. Alƙalin ya ce, "Idan fayil ya yi shekara goma yana shan shawara fa? Mutumin ya tsufa yana jiransa?" Aka yi dariya ƙasa ƙasa. Kafin azahar ya ba da beli. Ya ce togaciya a babin 'yanci ƙunci ake ba ta, 'yancin ne ake ba faɗi. Na rubuta maganar tsaf.

Bayan hutu aka kira tamu. Dattijon alƙalin mutum ne mai kamala, ba ya ɗaga murya, yana rubuta duk abin da aka faɗa da hannunsa, har sai lauya ya riƙa bin alƙalaminsa da ido kafin ya ci gaba. Barista ya yi iyakar ƙoƙarinsa, har ya ambaci belin da aka ba maƙwabcin. Alƙalin ya ce ya ji, amma hukuncin ɗan'uwansa ba ya ɗaure shi. Bayan mako biyu ya karanta nasa. Ya ce kalmomin togaciyar a bayyane suke, ba shi ya rubuta su ba, kuma ba ya da ikon ya goge su. Ko zargin yana da ƙarfi ko ba ya da shi, wannan magana ce ta ranar shari'a. Ya ƙi ba da beli, amma ya umarci gwamnati ta gurfanar da matashin cikin wata uku. Matashin yana tsaye cikin akwatin waɗanda ake tuhuma, bai ji ko kalma ɗaya ba sai da tafinta ya taƙaita mashi. Ya gyaɗa kai kawai.

Muna tattara littattafai sai akawun kotu ya zo ya ce alƙali yana son ganin wanda ya tsara takardun. Barista ya nuna ni. Na shiga ofishin. Alƙalin ya riga ya cire rigar shari'a, yana zaune da farar shadda, ya fi kama da limami. Ya tambayi ɗiyar wane ce, da ajin da nake. Ya ce ya daɗe bai ga aiki mai tsabta irin wannan ba, ko waƙafi ɗaya bai samu a inda bai dace ba. Na yi godiya. Ya ce ko ina da tambaya. Ban san inda na samo ƙarfin ba, na ce, "Ranka ya daɗe, da a gaban wani aka kai, da haka za ta kasance?"

Ya dube ni na ɗan lokaci. "Wataƙila a'a," ya ce. "Shi ya sa aka yi kotun ɗaukaka ƙara." Na ɗauka ya gama, sai ya ci gaba. "Ɗiyata, na yi shekaru a kan kujera ina ganin mutum ɗaya ya tashi da safe ya ce ga doka, da yamma ya ce ya canza. Abin da na fi tsoro a duniya shi ne mai iko ya maye gurbin rubutu da son ransa. Idan na ƙara kalma yau saboda tausayi, gobe wani zai ƙara saboda tsoro, ko saboda an kira shi a waya. Ɗan'uwana alƙalin hutu da kike tunani, shi ma zamanin sojan nan ne ya gina shi. Lauya ne a lokacin, ya sha zuwa kotu a ce mashi an hana ta sauraron ƙararsa. Shi ya ƙudurta ba zai rufe wa kowa ƙofa ba. Ni kuma na ƙudurta ba zan zama doka da kaina ba. Ban ce maki na fi shi gaskiya ba." Ya jawo wani fayil, na gane an sallame ni.

A waje Baffa yana zaune gindin darbejiya, sandarsa a kan cinya. Barista ya riga ya yi mashi bayani ya tafi neman kwafin hukunci. Na yi niyyar in wuce ta bayansa, har na yi taku kaɗan, sai na dawo na durƙusa na gaishe shi. Na gaya mashi komai, cewa an ce in ajiye takardun har Litinin, ni kuma na kai ranar Laraba, kuma da na jira, da mai yiwuwa ɗansa yana gida tare da maƙwabcinsa. Ban taɓa yin magana mai tsawo haka da wani babba ba.

Ya saurare ni har na gama. Sannan ya ce, "Ranar da na zo cikin ruwa?"

Na ce ita.

"To ai don shi kika yi sauri. Ban riƙe ki ba, ɗiyata." Ya gyara sandar. "Amma ki fahimtar da ni abu ɗaya, ke da kika yi karatu. Wannan alƙali da wancan, ba littafi ɗaya suke dubawa ba?"

Na ce ɗaya ne.

"Wato ranar Laraba yana cewa a tsare, ranar Litinin yana cewa a saki?"

Ya jira kaɗan, sannan ya miƙe ya ce zai je ya nemi motar ƙauyensu kafin hadari ya haɗu.

Wata ukun ya cika, aka nemi ƙarin lokaci, aka bayar. Barista ya ɗaukaka ƙara, ta shiga layi a Kaduna. Jami'a ta buɗe na koma karatu. Sai da na dawo hutun jami'a a ƙarshen shekara mai zuwa na ji ƙarshen maganar. Kafin a kai ga sauraron ɗaukaka ƙarar, shawarar da ake jira ta fito, ta ce babu hujjar gurfanar da kowa cikin su biyun. Aka sallami matashin. Daga ranar da maƙwabcinsa ya fita zuwa ranar da shi ya fita, wata goma sha huɗu ne. Ban sake ganinsa ba, kuma ban san ko Baffa ya taɓa gaya mashi abin da na faɗa ba.

Yau shekaru da yawa ke nan ina koyar da wannan fannin. Na karanta hukunce-hukuncen manyan kotuna masu yawa, na ga alƙalai biyar ko bakwai sun dubi jimla ɗaya sun rabu, kowa da hujjarsa, ba wanda ya ci hanci, ba wanda ya jahilci doka. Har yanzu ban iya cewa dattijon nan ya yi kuskure ba, ko da yake ra'ayina ya fi karkata ga ɗan'uwansa. Abin da na koya shi ne tsarin mulki ba ya karanta kansa. Mutum ne ke karanta shi, kuma mutum yana zuwa kujera da abin da ya gani a rayuwa, da abin da yake tsoro, da abin da ya yi wa kansa alkawari. Wanda ya san sashe bai san wannan ba, rabin aikin ya sani. Na kuma koyi cewa shirun da nake kira kunya ba kullum ne ladabi ba. Tambaya ce mai kalma uku, me ya sa, na kasa yi wa mutumin da ke tsaye a gabana, wani kuma ya biya ta da wata goma sha huɗu na rayuwarsa.